Katalog ɗin piyas a garejin Kawu, Tawa: littafin aiki

Asabar, 4 ga Oktoba 2025

Yau na kawo kwamfutar gareji. Tsohuwa ce, ta tebur, na saye ta hannun wani mai gyaran kwamfuta jaka 85 haɗe da allonta. Ondilar, na'urar batir da ke riƙe kwamfuta in wuta ta ɗauke, jaka 32, saboda kuran ba ya sallama in zai tafi. Tebur da makulli jaka 9. Forfen intanet na wata jaka 10. Jimla jaka 136. Kawu ya ba da 100, sauran daga aljihuna.

Abin da nake so a daina shi ne aika samfur. Yadda ake yi a nan tun ina yaro, in piyas ta mutu kuma babu ita a Tawa, sai a kwance ta, a naɗe a buhun siminti, a ba direban da zai sauka Yamai ko wanda zai shiga Ƙonni ya wuce Sakkwato ko Kano. Can mai shago ya duba da ido, ya ɗauko mai kama da ita. Zuwan WhatsApp ya rage wahala, amma hoto ba ya nuna milimita. Mota sai ta yi mako a kan fos tana jiran abin da in ya zo ma ba lallai ya shiga ba. Katalog na lantarki yana ba da zanen kowane sashe na mota a warwatse, kowane ƙarfe da lambarsa. Ka ba shi lambar sasi, ya ba ka lambar piyas, ka aika lamba maimakon ƙarfe.

Kawu ya tsaya bakin ƙofa yana goge hannu, ya ce: "To ɗana, mu gani. Ni dai shekaruna a wannan aiki ban taɓa ganin inji ya yi karatu ba."

Talata, 7 ga Oktoba

An ɗinka wa kwamfutar riga da tsohon tampol. An ja waya daga ɗakin ajiya. Ba wani abu.

Juma'a, 10 ga Oktoba

Garejin yana rufe da rana, sai na zauna na koyi tsarin katalog ɗin Toyota, tunda mafi yawan abin da ke shigo mana Land Cruiser ne da Hilux da Hiace. Ban sayi manhajar dillalai ba. Akwai shafukan masu sayar da piyas irin su Partsouq da Amayama da ke nuna zanen katalog ɗin kyauta in ka sa lambar sasi, da su zan fara.

Lambar piyas ta Toyota gurbi 10 ce, biyar da biyar. Biyar na farko suna faɗin irin abin: 04465 pilaket ɗin birkin gaba, 16100 famfon ruwa, 17801 filtir ɗin iska, 31250 disk ɗin ambireyaji, 11115 juwan kilas, 13568 kuruwar distiribisiyo, wato bel mai haƙora da ke daidaita juyin inji. Masu farawa da 90 ƙananan kaya ne da motoci da yawa ke tarayya a kansu, irin su noti da rulma da juwan sipi. Biyar na ƙarshe su ke rarrabe ta wace mota ce. Da mutum ya haddace ƴan lambobin farkon nan, ko a waya aka karanto masa lamba zai san ko mai shago ya ɗauko abin da ya dace ko ya tafi wani sashe daban.

Lambar sasi ta zamani gurbi 17 ce, tsarin da ya kankama tun 1981, kuma babu haruffan I da O da Q a cikinta don kada a rikita su da 1 da 0. Farkonta yana nuna inda aka ƙera: JT Toyota ce ta Japan, AHT ta Afirka ta Kudu, MR0 ta Tailan, VF3 Peugeot, WDB Mercedes. Sai kuma lambar samfurin motar da ke kan ƙaramin pilak cikin ɗakin inji. HZJ75L, alal misali: HZ injin 1HZ ne, J dangin Land Cruiser, 75 jerinta, L sitiyari a hagu. Katalog ɗin kuma ya kasu yanki-yanki: Japan, Turai, Amurka, da wanda suke kira na sauran ƙasashe. Namu yawanci a na ƙarshen suke, amma motar da ta yi rayuwarta a Beljiyam kafin ta hau jirgin ruwa tana ɓangaren Turai, kuma wasu kayanta sun bambanta.

Laraba, 15 ga Oktoba

Gwaji na farko a kan motar kiliya. Land Cruiser 75 ce ta wani mai jigilar Abalak, ta zo bidanji, kuma direban ya ce kuruwar distiribisiyo ta daɗe ba a canza ba. Na sa lambar sasi, motar ta fito da watan ƙirarta, 1994. Filtir ɗin mai 90915-30002, akwai shi a nan cikin gari, na kai lamba aka miƙo mini ba gardama. Kuruwa da tayar da ke ɗaure ta babu na ainihi a Tawa, na aika lambobin Yamai. Mai shagon ya yi mamaki, ya ce: "Yau ba samfur?" Kuɗin kaya da na mota jaka 41.

Alhamis, 23 ga Oktoba

Kuruwar ba ta shiga ba.

Ta iso shekaranjiya da yamma cikin kwalinta, lambar da ke jiki ita ce na aika, ba ragi ba ƙari. Jiya da safe babban yaron gareji ya kwance murfin, ya daidaita alamomi, ya cire tsohuwar, ya ɗora sabuwa. Ta yi sako-sako, kuma haƙoranta ba su kwanta cikin na tayar famfon gazuwal yadda ya kamata ba. Ya kira Kawu. Kawu bai ce komai ba, ya sa aka shimfiɗa biyun a kan kwali, ya ɗauki alli ya yi wa haƙori ɗaya alama a kowace, ya bi da ɗan yatsa yana ƙirgawa a hankali, yara sun kewaye shi. Sabuwa 94. Tsohuwa 92.

Na koma kwamfuta na buɗe zanen distiribisiyon 1HZ na dukkan shekaru. Injin nan mai silinda 6 da lita 4.2 ya fito a 1990, kuma a 1998 an sauya kuruwarsa: na farko mai haƙora 94, na baya mai 92. Katalog ya ba ni ta 1994 domin sasin na 1994 ne. Injin da ke ciki kuwa ba nasa ba ne. Da muka kankare maiƙo daga jikin bulok muka karanta lambarsa, muka kira mai motar, sai ya ce ai tun kafin ta zo hannunsa aka sa mata inji ɗan kas, wato wanda aka kwance daga wata matacciyar mota, bai ga dalilin faɗa ba tunda 1HZ dai 1HZ ne.

Abin da ya biyo baya: mai shagon Yamai ya yarda ya musanya, amma kuɗin mota zuwa da dawowa a kanmu, jaka 6. Motar ta rasa kasuwar da za ta yi lodi. Direban ya wuni a kan benci yana shan shayi yana harararmu, ni da kwamfutar.

Da za mu tashi Kawu ya ce: "Ɗana, na'urarka ta san motar ranar da aka haife ta. Ni kuma na san ta bayan ta yi aure uku." Na ce: "Kawu, to ku ba ni abin da kuka sani in rubuta." Ya yi dariya ya hau babur.

Wannan ita ce matsalar da aikin gaba ɗaya zai zauna a kanta. Katalog an yi shi ne don ƙasar da mota ke mutuwa da injin da aka haife ta da shi. Hanyar Tawa zuwa Agadas da Arlit ba ta barin mota haka. A farfajiyarmu yanzu akwai Hilux mai sasin LN106 da ya kamata ta ɗauki injin 3L mai lita 2.8, amma 5L mai lita 3.0 ke ciki. Akwai wata 75 da aka ɗaura wa pon, ƙarfen da ke haɗa tayoyi biyu, wanda ba nata ba. Lambar sasi kaɗai ba ta isa a yi komandi da ita.

Asabar, 25 ga Oktoba

Na buɗe jadawali a LibreOffice. Kowace motar da ta shigo za ta samu katinta: lambar gaba, lambar sasi, lambar samfuri daga pilak, sannan abin da ke jikinta a zahiri, wato lambar inji daga bulok, irin buwat, pon gaba, pon baya, yawan gujon taya. Gurbi na ƙarshe na sa masa suna "abin da aka sauya". Dokar da muka kafa da Kawu: ba a aika lamba sai an duba sashen da ido an tabbatar na wace shekara ne.

Akwai alamomin da ke saukaka wannan. Jerin 70 ya fara a 1984. A 1999 sai 78 da 79 suka maye gurbin 75, gaba ya bar lam ya koma rasor mai murɗi, gujon taya ya sauka daga 6 zuwa 5. A 2007 aka faɗaɗa gaban motar, fitilu da kapo suka sauya. Ko yaro zai iya ƙirga gujo ya leƙa ƙarƙashi.

Kuruwa mai 92 ta iso, ta shiga, motar ta tafi.

Alhamis, 30 ga Oktoba

Cika kati. Mafi wuya shi ne karanta lambar inji cikin laka da baƙin mai. Buroshin ƙarfe da ɗan gazuwal, sai a goga alli a kai a share, lambar ta fito fara.

Litinin, 3 ga Nuwamba

Kuran ya tafi tun hantsi, ondilar ta yi kuka ta mutu cikin ƴan mintoci. Batirinta ya gaji tun kafin in saya. Sabo jaka 11. Rezo ma yau sai a hankali, zane ɗaya sai ka sha ruwa ka dawo bai gama buɗewa ba. Na yanke shawarar duk zanen da na buɗe in adana shi a kwamfuta, in jera su bisa samfuri: 1HZ, 3L, 5L, birkin 75, birkin 79, haka. Da dare rezo ya fi sauri, to a waya zan riƙa saukewa a gida in kawo a kile USB.

Asabar, 8 ga Nuwamba

Wani aiki na daban ya shigo, kuma shi ya fi ɗaukar hankalina. Wani Alhaji daga cikin ƴan uwanmu da ke kasuwanci a Abijan ya sa an jawo 504 ta mahaifinsa daga zauren da ta yi shekaru tana kwance. Doguwar nan ce ta iyali mai layin kujeru uku. Yana so a tashe ta yadda take, ba a sa mata injin Toyota ba kamar yadda ake yi wa sauran. Kawu ya zagaya ta yana shafa ƙarfen, ya ce da irinta ya koyi aiki.

Peugeot ta fara 504 a 1968, kuma an harhaɗa ta a Kaduna daga 1975 har shekaru masu yawa bayan an daina yin ta a Faransa, shi ya sa kayanta ba su ɓace daga kasuwannin Najeriya ba. Wannan tamu pilak ɗinta na tsohon tsari ne, lambar gajera, ba mai gurbi 17 ba. Na sa ta a shafukan da nake amfani da su, babu wanda ya gane ta. Injin isansi ne, XN1, mai 1971 cc.

A zamaninta katalog littafi ne mai kauri, daga baya aka koma ƴan fallayen fim da ake dubawa da na'ura mai fitila. Kawu ya ce wani tsohon abokin aikinsa da ya bar sana'a yana da littafin. Mun je bayan la'asar. Tsohon ya fito da shi daga akwatin ƙarfe, bangon ya tafi, gefen shafukan ya yi baƙi da yatsun makanikai, wasu lambobi an ja musu layi da biro an rubuta wasu a gefe. Ya ce ba zai bar gidansa ba. Na durƙusa na ce: "Baba, ku bar ni in ɗauki hotonsa a nan gabanku." Ya yarda, da sharaɗin in wanke hannu.

Lambobin Peugeot na da gurbi huɗu ne, ɗigo, sai biyu. Su ma na farkon suna faɗin dangi: 1109 filtir ɗin mai, 0209 juwan kilas, 1201 famfon ruwa.

Laraba, 12 ga Nuwamba

Ɗaukar hoton littafin 504, sashen inji da birki sun kammala. Na sa wa kowane hoto sunan sashensa don a iya nema.

Lahadi, 16 ga Nuwamba

Ranar kasuwa, motocin ƙauye sun cika farfajiya, ba lokacin kwamfuta. Abu ɗaya kawai: kartigiriz ɗin wata Hiace na ɗauke da lambar sasi mai harafin O a tsakiya. Wanda ya buga takardar ya ga sifili ya sa harafi. Daga yau daga jikin ƙarfe ake karanta lamba, takarda shaida ce ta biyu.

Juma'a, 21 ga Nuwamba

Tsofaffin lambobin 504 da yawa masu shago ba su san su ba, an sauya su tuntuni. Hanyoyi biyu na bi. Ta farko, shafukan da ke aiki da bayanan TecDoc, rumbun nan na Jamus da ke haɗa lambar kamfanin mota da lambobin masu ƙera piyas irin su Bosch da Valeo da SKF. Ka sa tsohuwar lamba, in an yi sa'a ya ba ka makwafinta. Ga filtir da pilaket da ambireyaji ya yi amfani. Ta biyu, awo. Na sayi piye a kulis, ma'aunin faɗi da kaurin ƙarfe, jaka 7. Rulma ba ruwanta da sunan mota: 6203 faɗin raminta milimita 17, bayanta 40, kaurinta 12, ko a alternatar take ko a famfon lambu. Juwan sipi ma haka, rami da baya da kauri. Duk abin da na auna ina rubuta shi kusa da tsohuwar lambar, ta yadda mai 504 na gaba ba sai an sake wannan wahalar ba.

Abin da babu shi ko'ina: robobin gilashi, madubin fitilar baya, da ƴan ƙarafan ado na gefe. Waɗannan sai kas. An ba wani ɗan unguwarmu da ke zuwa Ƙofar Ruwa a Kano hotunan shafin littafin, wani kuma zai leƙa Katako a Yamai.

A ganina masu yin waɗannan manhajoji sun fi kula da motar da har yanzu ake sayarwa. Wadda ta haura shekara 40 sai ƙungiyoyin masu sha'awar tsofaffin motoci a Turai, su kuma ado suke yi da ita ranar hutu, ba buhunan gero suke ɗora mata ba.

Alhamis, 27 ga Nuwamba

Yau katalog ya biya kuɗinsa. Wata 79 ta yi zafi a hanyar Cintabaradan, juwan kilas ya ƙone. A zanen na ga lambar juwan ɗin 1HZ tana da wutsiya iri uku, 01 da 03 da 05. Kauri ne ya bambanta, ana zaɓa gwargwadon yadda kan piston ke ɗagowa sama da fuskar bulok, kuma ana gane kowanne da ƴan tsagar da ke gefensa. A nan abin da aka saba shi ne a ce "ba ni juwan 1HZ", a sa wanda aka samu. Na nuna wa Kawu a allo. Ya sa tabarau, ya ɗauko ƙonannen ya juya shi, ya sami tsagar da farce. Ya ce ya daɗe yana ganinsu, yana zaton alamar masana'anta ce kawai. Muka yi komandin mai kaurin da ya dace. Bai yaba ba, amma da zai fita ya ce wa yara kada wanda ya ƙara ɗora kofin shayi a teburin nan.

Talata, 2 ga Disamba

Iska ta taso, ƙura ko'ina. Na buɗe kwamfutar na hure ta da kwamfuresa daga nesa. Na fara koya wa ƙaramin aparanti, wanda ya tsaya a aji shida na firamare, ɗaukar hoton pilak da cika kati. Hannunsa ya fi nawa sauri a waya. Inda yake tuntuɓe shi ne 8 da B, da 5 da S.

Talata, 9 ga Disamba

Abu biyu da lamba ba ta magancewa.

Na ɗaya jabu. Famfon ruwan da aka kawo wa wata Hilux kwalinsa ja da fari, lambarsa daidai, amma da Kawu ya ɗaga shi ya ce bai kai nauyi ba, ya juya shi da hannu ya ji yana gurzawa. Masu yin jabu su ma suna da katalog. An mayar. A jadawalin na ƙara gurbi: daga wane shago, nawa, kuma ya yi wata nawa a mota kafin ya mutu. Wannan gurbin sai nan gaba zai yi magana.

Na biyu jira. Mai shagon Yamai ya ce kwantenarsa na hanya. Tun da aka rufe iyaka da Benin a 2023 kayan da a da ke bi ta Kwatano sun koma Lome su ratso Burkina, ga nisa ga tsada. Na duba farashin wasu ƙananan kaya daga Dubai ta jirgin sama. Ga abu mara nauyi mai tsada, kamar kan injekta, lissafin yana iya fita in an haɗa komandin mutane da yawa. Ga disk da amortisa kuɗin ɗauka ya cinye ribar.

Wani abin kuma, lambar da na aika ta rulmar taya ya ce babu ita a duniya. Tana nan, an maye ta da sabuwa ne, katalog yana nuna hakan a ƙarƙashin tsohuwar. Yanzu duka biyun nake aikawa.

Laraba, 17 ga Disamba

Gobe hutun ranar Jamhuriya, zan zauna in daidaita jadawali. Makanikan layinmu sun fara zuwa neman lamba. Na ce a riƙa karɓar dala 100 kowace tambaya don kuɗin forfe, Kawu ya ce maƙwabci ba ya sayen tambaya a ƙofarsa. Mun tsaya a kan wanda ke son a buga masa zane a takarda ya biya kuɗin bugawa, kuma duk wanda ya tambaya ya bar mu mu yi wa motar kati.

Abin da aka kashe zuwa yau: kayan farko jaka 136, batir 11, piye a kulis 7, forfe na Nuwamba da Disamba 20, asarar kuruwa 6, riga da waya 4. Jimla jaka 184.

Injin 504 an kwance shi, bulok ɗin lafiya, ana jiran sagima da kusine daga Kano. Littafin tsohon saura sashen jiki da na lantarki, ya ce in zo bayan Juma'a. A watan Janairu ina so in mayar da jadawalin yadda za a iya buɗe shi a waya ba tare da rezo ba, domin in mota ta mutu a hanyar Abalak wanda aka tura ya ga katinta kafin ya ɗauki kaya. Sai na'urar buga takarda, in Kawu ya yarda. Na tambayi kuɗin tsohuwar na'ura, an ce jaka 45, kuma tawadarta sai Yamai.